Waiwaye: Yadda Birnin Kano Ya Zama Ba Shi Da Uwargijiya Ɗaya

Wanda ya tashi daga Kurna ya nufi Hotoro zai ratsa ƙananan hukumomi fiye da ɗaya ba tare da ya ga wata alama ba. Gari ɗaya ne, amma takwas ke rabonsa: Birni da Kewaye, Dala, Gwale, Fagge, Nasarawa, Tarauni, Kumbotso da Ungogo. Babu magajin gari guda da za a kama idan kwata ta toshe.

A zamanin En'e, wato hukumar gargajiya da sarki ke shugabanta, ba haka abin yake ba. Bayan Turawa sun ci Kano a 1903, sun bar mulkin cikin ganuwa a hannun sarki. Aka kasa birni fuska huɗu, gabas, yamma, kudu da arewa, kowace da wakilinta, ƙarƙashinsu masu unguwanni. Mai unguwa ya san gidajen unguwarsa ɗaya bayan ɗaya, domin shi ke bin haraji, kuɗin ya shiga baitulmali, daga nan a biya 'yan doka da alƙalai da duba-gari. Duba-gari kan shiga har tsakar gida ya leƙa randa. In ya ga ƙwayoyin sauro, maigida ya sha tara. Akwai danniya a tsarin, shi ya sa jam'iyyar adawa ta NEPU ta yaƙe shi, amma an san wanda ke da alhaki.

Daga 1967, da aka ƙirƙiro jihohi, aka fara zare wa En'e haƙora: kotuna suka koma hannun jiha, 'yan doka da gidajen yari suka koma tarayya. Gyaran 1976 ya binne En'e gaba ɗaya, ya kawo ƙananan hukumomi iri ɗaya a faɗin Najeriya, sarakuna suka koma masu ba da shawara.

Abubuwa biyu da suka biyo baya su ne suka fi yin tasiri, ko da yake ba a cika ambatonsu ba. Dokar filaye ta 1978 ta damƙa duk filin da aka ayyana a matsayin birni a hannun gwamna. Ke nan ciyaman na Tarauni ba shi da ikon ba da takardar mallakar fuloti a yankinsa, balle ya hana a yi gini kan magudanar ruwa. Sannan a 1979 Gwamna Abubakar Rimi ya soke haraji da jangali. Talaka ya huta, babu musu, sai dai ƙaramar hukuma ta koma zaman jiran kason wata-wata daga tarayya.

Ƙirƙirar sababbin ƙananan hukumomi a mulkin soja, wadda ta kai na jihar Kano ga 44 a 1996, ita ta ƙara yayyanka birnin.

A takarda, tsarin mulkin 1999 ya ba ƙananan hukumomi kwashe shara, kasuwanni, tashoshin mota, maƙabartu, sanya wa tituna suna da lambar gidaje. A aikace kuwa hukumomin jiha ne ke riƙe da birnin: REMASAB a shara, KNUPDA a tsara gine-gine, KAROTA a kan titi. Dalili na nan, tunda shara da ambaliya ba su san iyaka ba. Ledar da aka zuba a kwata cikin birni a rafin Jakara za ta ƙare, ta toshe wa na ƙasa. Matsalar ita ce shugabannin waɗannan hukumomi naɗaɗɗu ne, kansilan da aka zaɓa kuma ba shi da ko tifa ɗaya.

Kuɗin ma ba ya isowa kai tsaye. Ƙananan hukumomi 774 na da kashi 20.60 cikin ɗari na asusun tarayya, amma sashe na 162 na tsarin mulki ya ce kason ya biyo ta asusun haɗin gwiwa na jiha. A nan ake cire albashin malaman firamare, fansho, kason masarauta da kuɗin “ayyukan haɗin gwiwa”. Abin da ya rage da ƙyar yake wuce albashin ma'aikata.

Ranar 11 ga Yuli, 2024, Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a ƙarar da Antoni-Janar Lateef Fagbemi ya shigar: a riƙa biyan ƙananan hukumomi kai tsaye, kuma kantomomin riƙo haramtattu ne. Jihohi suka yi rige-rigen shirya zaɓe. A Kano an yi a Oktoban 2024, jam'iyyar da ke mulkin jihar a lokacin ta lashe duka 44, kamar yadda aka saba gani a yawancin jihohi, tunda gwamna ke naɗa hukumar zaɓen jiha. Hukuncin dai bai taɓa dokar filaye ba, bai kuma tanadi wata majalisa da za ta haɗa ciyamomin birnin takwas kan magudanar ruwa ɗaya ba.