Waiwaye: Makarantar Haske ta Ƙage da Tsohuwar Muhawarar Sihiri a Sakkwato

Cikin labaran da matasa ke rubutawa a waya suna turawa zaurukan WhatsApp da Wattpad, akwai masu ƙaga wata irin makaranta da babu ita a taswirar kowace ƙasa. Ɗalibanta ba boko suke yi ba, ba allo ba. Haske suke nazari. Ana koya musu su damƙi hasken rana su adana shi, su lanƙwasa shi ya ɓoye mutum, su karanta abin da ya wuce a cikin inuwa. Da zarar irin wannan labari ya iso hannun mai karatu a Sakkwato, tambaya ɗaya ce ke fara fitowa: wannan ba sihiri ba ne? Marubuci ya ce ƙage ne, malam. Mai suka ya janyo masa aya ta 102 ta Suratul Baƙara, wadda ta ambaci Haruta da Maruta, magana ta tsaya cik.

Ni ina ganin ɓangarorin biyu suna da abin faɗi, kuma gardamar ta girmi wayar hannu da ɗaruruwan shekaru.

Nazarin haske a duniyar Musulmi ya bi hanya biyu tun da daɗewa. Ta farko ita ce ta awo da gwaji, kuma jagoranta Hasan ibn al-Haisam ne, wanda aka haifa a Basra wajen shekarar 965, ya rasu a Alƙahira wajen 1040. A Kitabul Manazir, mai juzu'i bakwai, ya rushe ra'ayin masu cewa ido ne ke harba haske zuwa ga abin da yake kallo. Ya nuna haske ne ke tasowa daga abin, ya tafi a miƙe, ya shiga ido. Gwajin da ya kafa hujja da shi yaron Sakkwato ma zai iya yinsa da tsakar rana: a rufe ɗaki ruf, a bar ƙaramar huda guda a jikin ƙyauren kwano, kamar wadda ƙusa ta bari. In ido ya saba da duhun, za a ga hoton abin da ke waje ya faɗo jikin bangon da ke fuskantar hudar, amma a kife, ƙafafun mai wucewa a sama, kansa a ƙasa. Wanda bai san dalili ba zai rantse aikin aljanu ne. A 2015 Majalisar Ɗinkin Duniya ta keɓe shekarar ga haske, kuma cikar aikin wannan malami shekara dubu na cikin abubuwan da aka tuna.

Hanya ta biyu ta masu tsarkake zuciya ce, waɗanda suka rataya a kan aya ta 35 ta Suratun Nur. Imam Gazali, da ya rasu a 1111, ya rubuta Mishkatul Anwar a kanta. A wajensu haske shi ne shiriya da sani, duhu kuwa jahilci.

Wannan hanya ta biyu ce ta fi kafuwa a nan. Malam Abdullahi na Gwandu ya sa wa tafsirinsa suna Diya'ut Ta'awil, littafinsa na mulki da ya rubuta a Kano kuma Diya'ul Hukkam. Shehu Usmanu yana da Nurul Albab, kuma a nan ne zancen ya fi shafar marubutanmu na yau. Cikinsa Shehu ya soki masu da'awar sanin gaibu ta hanyar duba, ya kuma yi kakkausan fada ga malaman da ke koyar da almajirai a waje alhali sun bar matansu da 'ya'yansu mata cikin jahilci. Wato dai iyakar da mai suka ke ja yau, Shehu ya riga ya ja ta, kuma da dalili: tsibbu ya ci dukiyar talaka, ya raba aure, ya sa mutane dogaro ga abin da ba Allah ba. Ban ga laifin uban da ya tsorata in ya ga 'yarsa na karanta labarin da ake ɗaukaka mai sihiri a ciki ba.

Sai dai Sakkwato ba ta taɓa ɗaukar duk wani abin mamaki a matsayin tsafi ba. Lokacin da Baturen nan Clapperton ya zo wajen Sarkin Musulmi Muhammadu Bello a 1824, ya nuna masa taswirar sama, sai ya tarar Bello ya san buruji da taurari da dama da sunayensu na Larabci. Da ya dawo karo na biyu ya kawo masa littafin Uƙlidis na lissafin siffofi cikin Larabci, Bello ya gaya masa gidansu sun taɓa mallakar kwafi da aka kawo daga Makka, gobara ta cinye. Wannan lissafin layi da kusurwa shi ne harsashin da Ibn al-Haisam ya ɗora iliminsa a kai. Bello ya kuma yi rubutu kan maganin ciwon ido. Tun kafin zamanin Bello, Muhammad al-Kashnawi, Bafillacen Katsina da ya rasu a Alƙahira a 1741, ya yi suna da rubutu kan hatimai masu lambobi, waɗanda masana lissafi ke nazari har yau, ko da yake shi ya taɓo har da ɗalasimai, inda da yawa daga malamai ba su bi shi ba.

Ƙagaggen labari ma ya sha irin nasa. Gasar da Hukumar Fassara ta shirya a Zariya a 1933 ta fito da littattafai masu aljanu da abubuwan al'ajabi, aka karanta su a makarantu shekara da shekaru ba wanda ya ɗaga murya. A 2007 kuwa har ƙona littattafan Hausa aka yi a Kano, amma zargin ɓata tarbiyya ne a lokacin. Yanzu da rubutu ya koma waya, babu mai tacewa sai mai karatu da kansa.

Abin da ke damuna a makarantun hasken da ake ƙagawa shi ne aron kaya. Sanda mai tartsatsi, doguwar hula, gini mai hasumiyoyi cikin dusar ƙanƙara, duk daga finafinan Turawa, shi ya sa mai karatu ke jin warin boka tun daga shafin farko. Alhali ga almajirai sun kewaye wutar kara da dare suna karkata allo don harshen wutar ya haska baƙi. Ga masu duban jinjirin wata da fadar Sarkin Musulmi ke jiran shaidarsu kafin a ɗauki azumi. Ga cibiyar binciken makamashi ta Jami'ar Usmanu Danfodiyo, wadda tun shekarun 1980 take gwada murhu da na'urar busar da kayan gona masu aiki da rana, a garin da zafin bazara ke haura digiri 40. Marubucin da ya kafa makarantarsa a gefen fadamar Rima, ya sa malaminta ya kori ɗalibin da ya ce haske ya nuna masa gobe, ya ɗaukaka yarinyar da ta gano dalilin da hoto ke kifewa a bango, zai sami al'ajabin da yake nema, kuma mai sukar nan ne zai fara tura labarin ga 'ya'yansa.