Florence Nightingale: aikinta a lokacin yaƙi da bayansa

Wace ce Florence Nightingale?

'Yar attajiran Ingila ce, an haife ta ranar 12 ga Mayu, 1820 a birnin Florence na Italiya. A zamaninta gidan mutunci ba ya barin 'yarsa ta yi aikin jinya. Iyayenta suka ƙi, ita kuwa ta kafe, har ta je Kaiserswerth a Jamus ta koyi aikin a 1851.

Me ya kai ta wajen yaƙi?

Yaƙin Kirimiya ne, inda Birtaniya da Faransa da Turkiyya suka haɗu a kan Rasha. Jaridu suka tona asirin yadda sojoji masu rauni ke mutuwa a wulaƙance, sai sakataren yaƙi na Birtaniya, Sidney Herbert, ya roƙe ta ta je. A watan Nuwamba na 1854 ta sauka asibitin soja na Scutari, a ɓangaren Asiya na Istanbul, tare da ma'aikatan jinya 38. Ta tarar da majinyata kwance cikin riguna masu jini da ƙwarƙwata, ba sabulu, ba isasshen bargo. Ta buɗe wurin wanki, ta gyara girki, ta sayo riguna.

Da zuwanta mace-mace suka ragu?

A'a, kuma a nan ne masu ba da labarinta suka fi yin tsallake. A hunturun farko sama da sojoji 4,000 ne suka rasu a wannan asibiti, akasarinsu ta hanyar kwalara da taifot da atuni. Magudanan ƙazanta ne a toshe ƙarƙashin ginin. Sai da gwamnatin Birtaniya ta turo kwamitin tsafta a watan Maris na 1855, aka yashe magudanan, aka buɗe wa iska hanya, sannan mutuwar ta lafa.

To me ta yi bayan yaƙi?

A ganina aikinta na bayan yaƙi ya fi na Scutari nauyi nesa ba kusa ba. Ta dawo gida da ciwon da ya tsare ta a ɗaki shekara da shekaru, amma ba ta ajiye alƙalami ba. Ta zauna da masanin ƙididdiga William Farr suka tattara alƙaluman mamatan. A 1858 ta fitar da zane mai launi da ke nuna wata-wata cewa cuta ta fi harsashi kashe sojoji. Ta kuma nuna cewa ko a barikokin Ingila, ba yaƙi ba komai, sojoji na mutuwa kusan ninki biyu na farar hula tsararrakinsu. Da irin wannan hujja ta tilasta wa hukuma gyaran barikoki da asibitocin soja, daga baya ta juya kan ruwan sha da tsaftar Indiya.

A 1860 ta buɗe makarantar koyon jinya a asibitin St Thomas da ke Landan, da kuɗin da jama'a suka tara da sunanta. Waɗanda suka gama can ne suka bazu zuwa wasu asibitoci a matsayin shugabannin nas-nas.

Yaushe ta rasu?

Ranar 13 ga Agusta, 1910 a Landan, tana da shekara 90. Shekara uku kafin nan, a 1907, ta zama mace ta farko da aka ba lambar girma ta Order of Merit.