Ya Hana Ki Sakat a Waya? Ga Abin da Dokar Najeriya Ta Ce

Na rabu da saurayi, amma kullum sai ya kira ni da tsakar dare. Na toshe layinsa, ya sayi sabo. Wannan laifi ne a doka?

Yana iya zama laifi. Dokar hana cin zarafin mutane ta 2015, wadda aka fi sani da VAPP, ta sa bibiyar mutum cikin laifuka a sashe na 17, hukuncinsa ɗaurin da bai wuce shekara biyu ba, ko tarar da ba ta wuce naira 500,000 ba, ko duka biyun. Bibiya kuwa ba sai ya tsaya a ƙofar gidanku ba. Yawan kira da tura saƙon da ke jefa ki cikin tsoro kuma, dokar ta lissafa su a ƙarƙashin tsangwama. Sai dai asalin dokar ta Abuja ce, kowace jiha sai majalisarta ta amince da irin tata, kamar yadda Kaduna ta yi a 2018.

To idan barazana yake yi a WhatsApp ko Facebook fa?

Nan dokar laifukan intanet ta 2015 ke shigowa, kuma ita ta game ƙasa baki ɗaya. Sashe na 24 ya tanadi ɗaurin shekara 10, ko tarar da ta fara daga naira miliyan 25, ga wanda ya tura saƙon da ya sa mutum fargabar kisa ko jin rauni. Mai cewa "ki turo kuɗi ko in watsa hotunanki" kuma yana fuskantar shekara biyar. Wannan sashen yana da tabo, gaskiya: an sha kama 'yan jarida da shi kan rubutun da bai yi wa manya daɗi ba, har kotun ECOWAS ta ce ya tauye 'yancin faɗin albarkacin baki. A 2024 aka gyara ɓangarensa na farko, aka cire batun saƙon da "ya ɓata rai" kawai.

Mene ne umarnin kariya?

Takarda ce daga alƙali da ke hana mutumin kiranki, turo miki saƙo, ko zuwa gidanku da wurin aikinki. Idan akwai haɗari a kusa, kotu na iya ba da na wucin gadi tun kafin ta saurare shi. Ya karya, ya sake yin wani laifin daban. Ƙarƙashin VAPP, ɗan sanda, ma'aikacin lafiya ko malami na iya nema a madadinki da yardarki.

Me zan fara yi yau?

Kada ki goge komai. Wasu mata da sun ga saƙon banza, kunya da ɓacin rai ke sa su share shi nan take, alhali shi ne hujjarsu. Ki ɗauki hoton allon wayar yadda lambar, rana da lokaci za su fito, ki adana muryoyin da ya turo, ki tura kwafi wa wadda kika yarda da ita. Wayar ma kada ki sayar, domin kotu na tambayar na'urar da shaida ta fito daga cikinta. Sannan ki kai ƙara wurin 'yan sanda ko NAPTIP, hukumar yaƙi da safarar mutane, ki tafi da yayanki ko wata babba. Idan aka ce miki "ki yi haƙuri, so ne ya jawo", ki nemi a rubuta ƙorafin a ba ki lambarsa.