Waiwaye: Yadda makaman fasa sulke suka sauya aikin manyan tankoki a fagen fama

A ranar 16 ga Mayun 1940, a wani ƙauyen Faransa mai suna Stonne, wata babbar tankar Faransa ƙirar Char B1 bis ta kutsa cikin jerin gwanon tankokin Jamus ita kaɗai, Kyaftin Pierre Billotte na jagorantarta. Ta ragargaza 13 daga cikinsu ta juyo. Da aka duba jikinta, sai aka ƙirga gurbin harsashi 140, babu ko ɗaya da ya huda. Kaurin sulkenta milimita 60 ne, igwar da Jamusawa suka tanada domin tankoki kuwa, mai baki milimita 37, ba ta da ƙarfin ratsa shi. Abin da aka ƙera babbar tanka dominsa ke nan: ta shiga inda ta ga dama, a yi ta harbinta kamar ba da ita ake ba, ta buɗa wa sauran dakaru hanya.

Bayan kwana biyar, a Arras, tankokin Matilda na Birtaniya suka fara yi wa rundunar kwamandan Jamus Erwin Rommel irin wannan ɓarna. Sai Rommel ya sa aka jera manyan igwogi, har da na kakkaɓo jiragen sama masu baki milimita 88, aka sauke bakinsu ƙasa suna kallon tankokin. Nan harin ya tsaya. Tun daga wancan lokaci ba a sami babbar tankar da ta ci karenta babu babbaka na tsawon shekaru ba tare da an samo mata makari ba. A ganina kuma, babban tasirin waɗannan makamai ba a yawan tankokin da suka ƙona yake ba. Yana cikin yadda suka tilasta wa kwamandoji sauya wurin da suke ajiye tanka, da waɗanda za su raka ta, da nisan da za su yarda ta matsa.

Asalin wannan tsere ya girmi 1940. Birtaniya ce ta fara fito da tanka ranar 15 ga Satumban 1916 a yaƙin Somme, sulkenta bai wuce milimita 12 ba. Jamusawa suka fara da harsashi mai ƙarfen ƙwarai a ciki, suka koma ga igwa tana harbi kai tsaye, kamar yadda aka gani a Cambrai cikin Nuwamban 1917, a 1918 kuma suka fito da doguwar bindigar Mauser mai baki milimita 13.2, wadda aka yi ta musamman domin tanka. A Amiens, cikin Agustan 1918, tankoki fiye da 400 suka fita ranar farko. A rana ta huɗu waɗanda ke iya aiki ba su kai 40 ba, wasu igwa ta ci su, wasu inji ya mutu.

Da Jamus ta afka wa Tarayyar Sobiyet a Yunin 1941, ta sake cin karo da matsalar Stonne. Kusa da Raseiniai a Lituweniya, babbar tankar Sobiyet ƙirar KV guda ɗaya ta tsaya kan hanya ta datse wa wani ɓangare na runduna ta 6 ta tankokin Jamus kayan aiki har yini guda cur, sai da aka jawo igwar nan mai milimita 88. Jamus ta mayar da martani ta fuska biyu: sabuwar igwa mai milimita 75, da tata babbar tankar, Tiger, wadda ta shiga yaƙi a 1942. Nauyinta tan 57, sulken gabanta milimita 100.

Nauyin nan ya zo da lalurarsa. Kafin a ɗora Tiger a jirgin ƙasa sai an cire sarƙar da take tafiya a kai an sa mata siririya, saboda faɗinta ya wuce na tarago. Gadoji da yawa ba sa ɗaukarta. In ta lalace a daji, manyan motocin janwe uku ake haɗawa kafin ta motsa. Ma'anar wannan ita ce ba lallai sai an huda ta ba. Nakiya ɗaya ta tsinka mata sarƙa, in rundunarta na ja da baya, shi ke nan an yi asararta, sau da yawa ma masu ita ne ke tarwatsa ta da hannunsu don kada ta faɗa hannun abokan gaba.

Sojojin Sobiyet sun gane haka sarai a Kursk cikin Yulin 1943. Sun binne nakiyoyin tanka kusan rabin miliyan, suka haƙa ramuka layi bayan layi, suka riƙa tara igwogi har goma ƙarƙashin kwamanda ɗaya, dukkansu su saki wuta kan tanka guda daga gefe, inda sulke bai kai na gaba kauri ba. Jamus ta kawo Ferdinand, mai tan 65 da sulken gaba milimita 200, kusan 90 daga cikinsu. Ta gaba kam ba ta huduwa. Amma an yi ta babu mashin-gan, don haka da aka raba ta da sojan ƙasa da ruwan wuta a wajen Ponyri, nakiya ta tsayar da ita, sai ta zama ba ta da abin korar mutumin da ya lallaɓo da kwalbar fetur. Waɗanda suka tsira sai da aka mayar da su masana'anta aka sa musu mashin-gan. A ƙarshe Jamus ta ƙera Tiger 1,347 da ƙanwarta Tiger II ƙasa da 500, yayin da Amurka ta yi Sherman kusan 50,000, Sobiyet ta yi T-34 fiye da haka. Sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi.

Duk wannan igwa ce da nakiya. Abin da ya girgiza lissafin daga tushe wani irin harsashi ne daban. Ana zuba abin fashewa a bayan wani mazurari na tagulla, bakinsa na kallon gaba. Idan ya tashi, sai mazurarin ya matse ya zama siririn tsinke mai gudun kilomita da dama cikin daƙiƙa ɗaya, ya huda ƙarfe da tsananin matsi. Ƙarfinsa bai dogara da gudun da harsashin ya zo da shi ba. Tunda haka ne, ba a buƙatar doguwar igwa da motar janta da mutum shida. Bututu ya wadatar. Daga nan aka sami bazuka ta Amurka a 1942, da PIAT ta Birtaniya, da Panzerfaust ta Jamus a 1943, wadda ake harbawa sau ɗaya a yar, tana huda ƙarfe mai kaurin milimita 200 daga nisan mita 30 zuwa 100 gwargwadon ƙirarta. An yi miliyoyinta.

A Balin cikin Afrilun 1945, tsofaffi da yara ƙanana aka miƙa wa wannan makami aka tura su mutuwa, abin takaici ne ƙwarai. Amma ya canza yadda IS-2, babbar tankar Sobiyet mai tan 46, take shiga unguwa. Maimakon ta wuce gaba, sai aka koma sojan ƙasa su fara share tagogi da ɗakunan ƙarƙashin ƙasa, ita tana biye tana rusa musu gini da bindigarta mai milimita 122. Tankar da aka yi don ta kare mutane, ga shi mutane na kare ta.

Bayan yaƙin an ɗan ci gaba da tseren nauyi. IS-3 da aka nuna a faretin Balin a Satumban 1945 ta tayar da hankalin ƙasashen Yamma, Amurka ta yi M103, Birtaniya ta yi Conqueror. Amma a 1955 Faransa ta fara aiki da SS.10, makami mai linzami da ake sarrafawa da waya, aka ga harsashin mazurari na huda duk kaurin ƙarfen da inji zai iya ɗauka. A 1960 Nikita Khrushchev ya sa aka daina ƙirƙirar sababbin manyan tankoki. Birtaniya ta ajiye Conqueror a 1966. Jamus ta Yamma ma ta haƙura da kauri, ta yi Leopard 1 mai tan 40, ta dogara da gudu. Babbar tanka a matsayin rukuni mai zaman kansa, a nan ta ƙare, kuma makaman fasa sulke ne suka kawo ƙarshenta.

Gwajin da ya fi kowanne tsorata masu tankoki ya zo ranar 6 ga Oktoban 1973. Babban hafsan sojan Masar, Sa'ad al-Shazli, ya san tankokin Isra'ila za su iso bakin mashigin Suwez kafin nasa su haye. Sai ya tattaro makaman fasa sulke daga sauran rundunoni ya danƙa wa sojan ƙasa da za su fara tsallakawa: RPG-7, da Malyutka, makami mai linzami da mutum ke ɗauka a cikin abu kamar akwatin tafiya, yana kaiwa kilomita uku. Isra'ila kuwa nasarar 1967 ta sa ta yarda cewa tanka ita kaɗai ta isa, ta yi sakaci da sojan ƙasa da igwogin rakiya. Rundunar Janar Albert Mandler ta Isra'ila, mai tankoki kusan 300, ta rasa kusan kashi biyu cikin uku kafin a cika kwana ɗaya. Harin ramuwa na 8 ga Oktoba ma bai yi kyau ba, har aka kama kwamandan bataliya Assaf Yaguri. Waɗanda suka dawo sun riƙa tarar da siraran wayoyin makaman sun nannaɗe jikin tankokinsu.

Jaridu sun yi ta cewa zamanin tanka ya wuce, amma a cikin wannan yaƙin aka samo makarin. Malyutka ba ta da sauri, takan yi daƙiƙa ashirin da wani abu kafin ta ci kilomita uku, kuma dole mai harbin ya zuba mata ido yana juya ta da ɗan sanda har ta isa. Da an ga ƙura ta tashi, sai kowa ya buɗe wuta wajen, tankoki su riƙa kauce-kauce, mai harbi ya sunkuyar da kai, makami ya ɓace. Aka dawo da igwa da hayaƙi da sojan rakiya. Ranar 14 ga Oktoba, da tankokin Masar suka fito fili, su ne suka yi asarar kusan 250.

Daga nan sulke ya farfaɗo, amma ba da zallar ƙarfe ba. Aka koma jera abubuwa daban-daban hawa-hawa don su tarwatsa tsinken tagullar, irin sulken Chobham na tankar Abrams ta Amurka a 1980 da Challenger ta Birtaniya a 1983. A Labanan a 1982 Isra'ila ta manna wa tankokinta ƙananan akwatuna masu fashewa waje idan an taɓa su. Masu makamai suka amsa da harsashi mai kai biyu, na farko ya tayar da akwatin, na biyu ya shiga. Nauyi ya sake hawa, tankokin yau da kullum suka kai nauyin Tiger II ba tare da an kira su manya ba.

Maƙwabciyarmu Chadi ta ba duniya darasi a wannan fanni. Ranar 2 ga Janairun 1987, dakarun Chadi ƙarƙashin Hassan Djamous suka afka wa sansanin Libiya a Fada cikin motocin Toyota a-kori-kura da aka ɗora wa MILAN, makami mai linzami da Faransa ta bayar, mai kaiwa kilomita biyu. Tankokin T-55 na Libiya na girke wuri ɗaya, motocin na zagaye su da gudu suna harbi daga gefe da baya. Alƙaluman da aka fi ambata sun ce Libiya ta rasa tankoki 92, Chadi motoci uku. A watan Maris aka ƙwace sansanin Libiya na Wadi Dum. T-55 ba babbar tanka ba ce, kuma sojojin Libiya ba su da ƙwarin gwiwar wannan yaƙi, amma abin da ya faru ya nuna cewa a buɗaɗɗiyar hamada, sanin ƙasa da sauri da makami mai dogon zango sun fi sulken da ke zaune.

A Grozny, babban birnin Checheniya, daren shiga 1995, birged ta 131 ta Rasha ta shiga tsakiyar gari babu isasshiyar rakiya, ta rasa tankoki 20 cikin 26, akasari ga RPG daga saman benaye. A Labanan a 2006 an harbi tankokin Merkava na Isra'ila kusan 50, da dama da makami mai linzami na Kornet, amma biyar ne suka lalace gaba ɗaya. Duk da haka Isra'ila ta gaggauta Trophy, na'urar da ke hango makami da rada ta harbo shi kafin ya iso, wadda ta fara kakkaɓo na farko a Maris na 2011.

Yaƙin Yukren tun 2022 ya tattaro duk waɗannan a wuri guda. Makamai masu linzami na Javelin da NLAW suna bugun tanka ta sama, inda sulke ya fi sirara, tankar T-72 ƙirar Sobiyet kuwa harsasanta na jere ƙarƙashin kanta mai juyawa, shi ya sa kan ke tashi sama idan wuta ta kama. A Yunin 2023, kusa da Mala Tokmachka, Leopard 2 ƙirar Jamus da aka ba Yukren ta shiga gonar nakiya ta maƙale kamar yadda Ferdinand ta yi a Kursk. Sannan ga ƙananan jirage marasa matuƙi na 'yan ɗaruruwan daloli, an ɗaura musu kan RPG, suna bin tankar miliyoyin daloli har su sami injinta. Da aka fara toshe musu sadarwa, sai aka koma sarrafa su da siririn zaren gilashi. Ɓangarorin biyu yanzu suna ɓoye tankoki kilomitoci a bayan fagen daga, su fito ɗaya ko biyu su yi harbi su koma, an rufe su da keji da raga.

Duk da haka ƙasashe ba su daina saye ba, domin har yanzu babu abin da ke ɗaukar babbar bindiga ya ratsa fili ana ruwan wuta kamar tanka. Polan ta ƙulla yarjejeniyar sayen tankokin K2 har 1,000 da Koriya ta Kudu a 2022. Abin da ya tsaya shi ne ƙarin nauyi. Abrams ta fara da kusan tan 55, ta kai kusan 67, kuma a Satumban 2023 sojan Amurka suka soke gyaran da zai ƙara mata kaya, suka ce za su yi M1E3, wadda ba ta kai ta nauyi ba, da na'urar kakkaɓo makamai a cikin ƙirarta tun daga farko.