Tsohuwar adaftar Wi-Fi ta USB ta ƙi aiki: tambayoyi da amsoshi

Na jona ta, kwamfuta ta yi ƙara, amma babu Wi-Fi. Ta lalace ne?

Da wuya. Yawanci direba ce babu, wato 'yar manhajar da ke sa Windows ta gane na'urar. Buɗe Device Manager, za ka ga alamar rawaya a gefen sunanta.

Faifanta ya ɓata. Wace direba zan nema?

Kada ka bi sunan da ke jikin robar. Da yawa cikin ƙananan adaftocin da ake sayarwa a Kasuwar Sheikh Gumi ko sunan kirki ba su da shi, kuma ko na manyan kamfanoni cikinsu kan canza: TP-Link TL-WN722N fitowar farko chip ɗin kamfanin Atheros ne a ciki, ta biyu da ta uku na Realtek ne.

Danna dama a kan na'urar, ka shiga Properties, sai Details, ka zaɓi Hardware Ids. Lamba huɗun da ke bayan VID su ne shaidar kamfani: 0BDA ta Realtek ce, 148F ta Ralink, 0CF3 ta Atheros. Kwafi layin har da PID ka bincika da shi. Ta Ralink a wajen MediaTek za ka nema, ita ta saye kamfanin a 2011.

Yaya zan sauke alhali kwamfutar ba ta da intanet?

Haɗa wayarka da kwamfutar ta kebul ɗin USB, ka kunna USB tethering, wato raba wa kwamfutar intanet ɗin wayar. Gwada Windows Update tukuna.

Direbar ta Windows 7 ce, ni kuwa 10 gare ni.

Sau da yawa tana hawa. In setup ya ƙi, warware fayil ɗin, ka bi Update driver, Browse, Let me pick, Have Disk, ka nuna masa fayil mai ƙarewa da .inf. Amma ta 32-bit ba ta hawa 64-bit, ko kwana ka yi kana gwadawa. Manhajojin nan masu alƙawarin sabunta duk direbobi a danna ɗaya kuwa, ka ƙyale su, tarkace suke jibgewa.

Ta hau, amma ba ta ganin MiFi ɗina.

Yawancin tsofaffin nan 2.4GHz kaɗai suke ji. Mayar da MiFi ko hotspot ɗin zuwa 2.4GHz, tsaron kuma WPA2. In tana yawan yankewa, cire alamar da ke ba kwamfuta damar kashe ta a Power Management, ka koma da ita ramin USB na bayan kwamfutar tebur.