Haɗe baƙar fata da farar fata a wasannin jami'o'in Amurka: me kalmar take nufi?

Wanda ya saba kallon ƙwallon kwando na jami'o'in Amurka a waya ko a talabijin zai yi wuya ya yarda cewa shekara sittin da suka wuce akwai manyan jami'o'in da ba su taɓa sa baƙar fata a fili ba, ko da mutum ɗaya. Abin da ya sauya wannan hali shi ne Amurkawa ke kira "integration". Idan za mu faɗa da Hausa, haɗewa ke nan ko cuɗanya, wato baƙar fata da farar fata su sa riga iri ɗaya, su hau mota ɗaya, su ci abinci a teburi ɗaya, su yi wa makaranta ɗaya wasa.

Kalmar tana da 'yar'uwa da ake yawan rikita su, wato "desegregation", soke dokar wariya. Bambancinsu ba ƙarami ba ne. Soke doka aikin kotu ne da alƙalami, ana iya gama shi rana ɗaya. Haɗewa kuwa aikin mutane ne, ita ce ke nuna ko wanda aka buɗe wa ƙofa an shimfiɗa masa tabarma, ko an bar shi tsaye a zaure.

Mu da muka fi sanin wariyar launin fata ta bakin labarin Afirka ta Kudu, ya kamata mu san cewa jihohin kudancin Amurka ma suna da tasu, wadda ake kira dokokin Jim Crow. A 1896 Kotun Ƙolin ƙasar ta halatta raba jinsunan biyu, da sharaɗin wai a yi musu daidai. Ba a taɓa yin daidan ba. Sai ranar 17 ga Mayu 1954, a shari'ar Brown, kotun ta ce raba ɗalibai a makarantun gwamnati ya saɓa wa tsarin mulki. Amma filin wasa bai bi hukuncin nan take ba, a wasu wuraren sai da aka ƙara kusan shekara ashirin.

A arewacin ƙasar akwai 'yan wasa baƙar fata jefi-jefi tun da daɗewa, sai dai akwai wata yarjejeniya da ba a rubuta ba: idan za a kara da makarantar kudu, baƙar fata ya zauna a benci. A 1934 Jami'ar Michigan ta ajiye Willis Ward, ɗaya daga cikin gwanayenta a ƙwallon Amurka mai kama da zari-ruga, saboda Georgia Tech ta ce ba za ta shiga fili da shi ba. A garin da Jami'ar Michigan ɗin take aka yi wasan, a filinsu, amma baƙon ne ya gindaya sharaɗi, mai gida ya bi. Cikin abokan wasan Ward akwai Gerald Ford, wanda daga baya ya zama shugaban ƙasa.

Akwai labarin da nake so ƙwarai. A watan Maris 1944, a garin Durham na jihar North Carolina, wasu ɗaliban likitanci farar fata na Jami'ar Duke suka sulale zuwa kwalejin baƙar fata da ke garin don buga ƙwallon kwando, ranar Lahadi, lokacin da jama'a ke coci. Aka kulle ƙofar zauren, babu 'yan kallo. Yaran John McLendon, kocin kwalejin baƙar fatar, suka lallasa su da ci 88 da 44. Da aka gama, sai suka gauraya, kowane ɓangare da baƙi da fari, suka sake buga wani. Abin da doka ta hana ke nan, kuma shekaru suka shuɗe kafin labarin ya fito fili.

Haɗewar ta fara fitowa idon duniya ne a 1963. Jami'ar Mississippi State ta sha lashe gasar ƙwallon kwando ta yankinta, amma sau uku tana ƙin zuwa gasar ƙasa don kada yaranta su haɗu da baƙar fata. A wannan shekara shugabanta Dean Colvard ya ce za a je. Masu ra'ayin wariya suka samo umarnin kotu na hana tafiyar, sai koci da 'yan wasa suka fice daga jihar a ɓoye kafin takardar ta iso hannunsu. A East Lansing suka gamu da Loyola ta Chicago, wadda ke fara wasa da baƙar fata huɗu. Kyaftin Jerry Harkness na Loyola da Joe Dan Gold na Mississippi State suka yi musafaha a tsakiyar fili, masu ɗaukar hoto na ta haska su. Loyola ta ci 61 da 51, ta kuma wuce ta ɗauki kofin shekarar.

Wasan da aka fi ambata shi ne na 19 ga Maris 1966, wasan ƙarshe na gasar ƙasa. Koci Don Haskins na Texas Western, wata makaranta a El Paso da ba kowa ya san ta ba, ya fara da baƙar fata biyar a kan Kentucky ta Adolph Rupp, wadda kaf ɗinta farar fata ce, kuma ta riga ta ci kofin sau huɗu. A lokacin ana yaɗa cewa baƙar fata na da gudu da tsalle amma ba su da nutsuwa, dole sai da farar fata a ciki mai tsara wasa. Yaran Haskins da tsaro da haƙuri suka ci wasan. Bobby Joe Hill, ɗan gajere a cikinsu, ya fizge ƙwallo daga hannun 'yan Kentucky sau biyu a jere ya zura a kwando, aka tashi 72 da 65. Haskins ya sha cewa shi dai gwanayensa ya zuba a fili. Ladan da ya samu shi ne tarin wasiƙun zagi da barazana.

Daga nan katangar ta riƙa zubewa, a hankali. A 1967 Nate Northington ya buga wa Kentucky ƙwallon Amurka, ya zama baƙar fata na farko a wannan wasa a gasar manyan jami'o'in kudu maso gabas. Alabama sai 1971, Jami'ar Mississippi da ta jihar Louisiana sai 1972. Ni dai ban ga alamar tuba ce kaɗai ta kawo wannan ba. Makarantun sun gaji da shan kashi a hannun masu ɗaukar yaran da su suka ƙi.

Kuma akwai wanda ya biya kuɗin. Kwalejojin baƙar fata, irin su Grambling da Florida A&M da Tennessee State, su ne suka riƙe waɗannan yara a zamanin da kowa ya juya musu baya. Irin waɗannan makarantu ba baƙi ba ne a gare mu: Nnamdi Azikiwe, haifaffen Zungeru, da Kwame Nkrumah duk sun yi karatu a Jami'ar Lincoln. Da ƙofa ta buɗe, sai manyan jami'o'i masu kuɗi suka kwashe gwanayen, suka bar kociyoyin da suka raine su. Haɗewar ta tafi ta hanya ɗaya ce, daga gidan baƙar fata zuwa gidan farar fata.

Wanda ya shiga ɗin ma ba a kullum ya sami tabarma ba. A 1969 kocin Jami'ar Wyoming ya kori baƙar fata 14 rana ɗaya, don kawai sun zo neman izinin ɗaura baƙin ƙyalle a hannu domin nuna ƙorafi. Perry Wallace kuwa, wanda ya fara buga wa Jami'ar Vanderbilt da ke Nashville ƙwallon kwando a 1967, shi ne baƙar fata na farko da ya yi hakan a gasar manyan jami'o'in kudu maso gabas. Idan sun je wasa Mississippi, zagi da tofin yawu ke tarbarsa daga 'yan kallo. A makarantarsa ana tafa masa a fili, amma wani coci da ke kusa ya nemi ya daina zuwa. Bayan wasansa na ƙarshe a 1970 ya zauna da ɗan jarida ya faɗi irin kaɗaicin da ya sha shekara huɗu, sai mutanen gari da dama suka ce ya yi butulci. Ya bar Nashville, ya karanci shari'a, ya zama farfesa a Washington. Sai a 2004 Vanderbilt ta kira shi ta rataye rigarsa mai lamba 25 a zauren da ya yi wasa don girmama shi, shekara 34 bayan tafiyarsa.