Forecount: kalmar Turanci da Turawan ma suka kusa mantawa da ita

Akwai kalmomin Turanci da ke kwance a cikin manyan ƙamusoshi amma da wuya ka ji su a bakin mutum. *Forecount* na cikinsu. Ga tambayoyin da mai koyon harshen zai iya yi idan ya ci karo da ita, da amsoshinsu.

Mece ce ma'anar forecount?

Ƙirga abu tun kafin lokacin da za a buƙaci adadinsa, ko tun kafin wani abu ya auku. Gaɓa biyu aka haɗa: *fore*, wato gaba ko kafin, da *count*, wato ƙirgawa. Tana iya zuwa a matsayin aikatau, kamar a ce "The storekeeper forecounted the bags before the lorry arrived", ma'ana mai kula da sito ya ƙirga buhunan tun kafin babbar motar ta iso. Tana kuma iya zuwa a matsayin suna: "The forecount was two hundred", wato ƙirgen da aka yi tun da farko ya ba da ɗari biyu. Ba ta da wata wahala a nahawu. Yadda *count* ke komawa *counted* da *counting*, haka ita ma take komawa *forecounted* da *forecounting*.

Kalma ce ta gaskiya kuwa, ko wani ne ya zauna ya ƙirƙiro ta?

Gininta bai saɓa ƙa'idar Turanci ba ko kaɗan. Yadda aka gina *foresee*, *forewarn* da *foretell*, haka aka gina ta, kuma duk wanda ya tashi da harshen zai gane abin da ake nufi idan ya gan ta a rubuce. Sai dai gane kalma daban, amfani da ita daban. Baturen Landan zai iya tsufa har ya koma ga Mahaliccinsa bai taɓa furta ta ba. Ba ta cikin ƙananan ƙamusoshin da ɗalibai ke ɗauka a jaka, kuma idan ka rubuta ta a kwamfuta, galibi za ka ga an ja mata jan layi a ƙasa, alamar manhajar ba ta san ta ba.

A nan ne mutane da yawa ke ruɗewa. Suna ɗauka duk kalmar da ƙamus ya ɗauko, a raye take. Ba haka ba ne. Babban ƙamus ɗin Oxford, wanda aka kammala bugunsa na farko a 1928, bugu na biyu kuma ya fito a 1989 cikin mujalladi 20, an tsara shi ne don ya adana tarihin harshen, don haka yana ɗauke da rayayyu da matattu gaba ɗaya. Shi ya sa masu ƙamus ke liƙa wa wasu kalmomi tambari. *Obsolete* na nufin kalmar ta mutu, an daina amfani da ita. *Archaic* na nufin ta tsufa, ana ganinta a tsofaffin littattafai da addu'o'in coci da takardun shari'a. *Rare* kuwa na nufin ba ta mutu ba, amma masu amfani da ita ba su taka kara sun karya ba. Duk mai duba ƙamus ya kamata ya fara duba wannan ɗan tambarin kafin ya karanta ma'ana.

Daga ina ta samo asali?

Ruwa biyu ce. Ɗafa-goshin *fore* ɗan gida ne, tun Tsohon Turanci yake, kuma ɗan'uwan *vor* ne na Jamusanci. *Count* kuwa baƙuwa ce. Bayan William, sarkin yankin Normandi, ya ci Ingila da yaƙi a 1066, Faransanci ya zama harshen fada da kotu da baitulmali na tsawon ƙarnuka, dubban kalmominsa suka kwarara cikin Turanci. *Count* ta shigo cikin wannan ayarin daga Tsohon Faransanci *conter*, wadda ita ma ta fito daga Latin *computare*, wato yin lissafi. Daga wannan tushen ne *account* ta fito, daga shi kuma aka sami sunan na'urar da muke kira kwamfuta.

Abin da ya fi ɗaukar hankali shi ne kalmar da *count* ta zo ta tarar. Kafin zuwanta, idan mutumin Ingila zai ce ƙirga, *tellan* yake cewa, wadda ta zama *tell* ta yau. Kalma ɗaya ce ke ɗauke da ƙirgawa da ba da labari. Da baƙuwar ta zauna da gindinta, sai *tell* ta saki ma'anar ƙirge ta riƙe ta faɗa, amma ta bar sawu. Ma'aikacin banki da ke ƙirga kuɗi a bayan gilashi har yau *teller* ake ce masa. A majalisar dokokin Birtaniya, 'yan majalisa huɗun da ke ƙirga ƙuri'a idan aka kaɗa ta, biyu daga kowane ɓangare, su ma *tellers* ne. Idan Bature ya ce *all told*, nufinsa idan an ƙirga duka. Jamusanci ma ya riƙe dangantakar: *zählen* ƙirgawa, *erzählen* ba da labari. Haka Faransanci, inda *compter* da *conter* suka fito daga ciki ɗaya, lafazinsu ma ɗaya ne.

Ke nan da tarihi ya bi wata hanyar, *foretell* ce za ta ɗauki ma'anar ƙirga tun kafin. Amma ta tafi ɓangaren faɗin abin da zai faru, aka bar gurbin ƙirge a buɗe. *Forecount* ce ta dace da gurbin, sai dai ba ta taɓa cika shi ba.

To me ya hana ta yin kasuwa?

Babban dalili shi ne kishiya. Turanci na da ɗafa-goshi biyu masu ma'anar kafin: *fore* na gida da *pre* da ya fito daga Latin *prae*. Sau da yawa sukan haifi tagwaye: *foretell* da *predict*, *forerunner* da *precursor*, *foreword* da *preface*. A zamanin nan kuwa *pre* ne ke haihuwa, *fore* ya kusa daina. Duk sabon abin da ya fito, da *pre* ake raɗa masa suna: *preschool*, *preorder*, *preview*, har da *prepaid* da kowa a Najeriya ya sani saboda mitar wutar lantarki. Don haka idan Bature na yau ya buƙaci kalma ɗaya tak mai nufin ƙirga tun kafin, *precount* ce za ta zo bakinsa, ba tare da ya yi wani tunani ba.

Sai kuma *forecast*, wadda ta mamaye filin da ke maƙwabtaka. A tsohon amfani, *cast* na ɗauke da ma'anar haɗa lissafi, shi ya sa *forecast* ta fara da nufin tsara abu ko lissafa shi tun kafin ya zo. Wanda ya ɗaga ta shi ne Robert FitzRoy, hafsan sojan ruwan da ya jagoranci jirgin ruwan bincike mai suna Beagle, ya kuma shugabanci sashen kula da yanayi na Birtaniya da aka kafa a 1854. A watan Oktoba na 1859 guguwa ta farfasa jirgin Royal Charter a gaɓar tsibirin Anglesey, mutum fiye da 400 suka halaka. Wannan ya sa FitzRoy ya fara aika gargaɗin guguwa zuwa tashoshin jiragen ruwa ta wayar tangarahu, kuma ranar 1 ga Agusta, 1861 jaridar The Times ta fara buga hasashensa na yanayi. Da gangan ya zaɓi *forecast*, don kada a ɗauka duba yake yi ko annabci. A ganinsa, ra'ayi ne da aka gina a kan lissafi. Tun daga nan kalmar ta bazu daga yanayi zuwa tattalin arziki, kasafin kuɗi da cinikayya. Duk inda *forecount* za ta iya leƙawa da ma'anar lissafin gaba, ta tarar an riga ta.

Akwai kuma ɗan ƙaramin cikas na kunne. *Fore* da *four* lafazinsu ɗaya ne. Mai karanta jaridun Najeriya ya saba da *four-count charge*, wato an gurfanar da mutum a kan tuhuma huɗu. Ka furta *forecount* a gaban lauya, abin da zai ji ke nan.

Mene ne bambancinta da forecast da estimate? Ba duk ɗaya ba ne?

Ba ɗaya ba ne, kuma Hausa ma ta raba su. Akwai ƙirge, akwai ƙiyasi, akwai hasashe.

Ɗauki manomin masara. Idan ya tsaya a watan Yuli ya dubi yadda damina ke tafiya ya ce bana zan sami buhu arba'in, hasashe ya yi, *forecast*, domin masarar ba ta ma nuna ba. Idan bayan girbi ya dubi tsibin da ke masussuka ya ce wannan zai kai buhu arba'in, ƙiyasi ne, *estimate*: abin yana nan, amma ido ne ya auna. Idan kuwa ya ɗura a buhuna ya bi su ɗaya bayan ɗaya daren jajibirin kasuwa, tun kafin dillali ya zo, wannan shi ne ƙirge tun kafin, wato *precount* ko *forecount*. Na ƙarshen nan ne kaɗai ke ba da adadin da za a iya kafa hujja da shi idan gardama ta tashi. A ganina wannan ne kawai dalilin da ya sa kalmar ta cancanci a san ta: tana nuna wani aiki takamaimai da hasashe da ƙiyasi ba sa nunawa.

A ina ake yin irin wannan ƙirgen, kuma wace kalma masu aikin ke amfani da ita?

Inda ya fi muhimmanci shi ne ɗakin tiyata. Kafin likita ya sa wuƙa, ma'aikatan jinya biyu sukan ƙirga almakashi, allurai, wuƙaƙe da ƙyallayen tsane jini da babbar murya, a rubuta adadin. Kafin a ɗinke, a sake ƙirgawa. Idan adadin ƙarshe bai yi daidai da na farko ba, sai a tsaya a nemi abin da ya ɓace, don kada a rufe cikin mutum da ƙyalle a ciki. Jerin matakan kariya a tiyata da Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar a 2008 ya tanadi cewa kafin majinyaci ya bar ɗakin, ma'aikaciyar jinya ta tabbatar da baki cewa ƙirgen kayan aiki da ƙyallaye da allurai ya cika. Ƙirgen ƙarshe ba shi da wani amfani idan ba a yi na farko ba. Amma ko a nan, ba *forecount* suke cewa ba. *Initial count* ko *baseline count* za ka ji.

A manyan sito da kantuna, ƙirgen da ake yi kafin ranar binciken kaya *precount* ne. Masu situdiyon waƙa ma sun san kalmar: a tsofaffin nau'o'in Cubase, manhajar naɗar sauti, 'yan bugun da ake ji kafin a fara naɗa, don mawaƙi ya kama kiɗa, *precount* aka kira su, makaɗa kuma su ce *count-in*. Malamin da ya ƙirga ɗalibai kafin su hau mota zuwa yawon buɗe ido, *head count* ya yi. Kowace sana'a ta nemi kalmarta, babu wadda ta ɗauki *forecount*.

In yi amfani da ita a jarrabawa ko wasiƙar neman aiki?

A'a. Mai duba takardar WAEC ko NECO zai fi ɗauka kuskure ka yi wajen rubuta *forecast*, ya ja maka layi, kuma ba ka nan balle ka kare kanka. Haka shugaban ofis da ke karanta rahotonka. Rubuta *count in advance* ko *count beforehand*, kowa zai gane. Idan kalma ɗaya kake so, *precount* ta ishe ka.

Akwai wata ɗabi'a a tsakanin masu koyon Turanci a ƙasar nan, ta tono kalmar da babu wanda ya sani a jefa ta cikin magana don a ce wane ya sha boko. Turawan da kansu ba sa kallon wannan a matsayin ƙwarewa. Littattafansu na koyar da rubutu kullum gajeriyar kalmar da aka saba da ita suke fifitawa.

Ke nan babu inda za ta yi amfani?

Akwai, amma wuraren kaɗan ne. Mai rubuta waƙar Turanci zai iya ɗaukarta saboda amo, ko don ya jera ta da *foresee* da *foreknow*. Mai rubuta labarin da aka gina a kan tsohon zamani zai iya sa ta a bakin wani dattijon ma'aji, ta ba maganarsa ƙamshin da. Akwai kuma masu sha'awar tsarkake Turanci daga kalmomin Latin, ra'ayin da ya yi tashe a ƙarni na 19, lokacin da aka ƙera *foreword* a kan samfurin *Vorwort* na Jamusanci don ta tsaya a madadin *preface*. Irin waɗannan za su fi son *fore* a kan *pre*, ko da yake *forecount* ba za ta gamsar da su gaba ɗaya ba, tunda rabinta na Faransa ne. Mai tsattsauran ra'ayi a cikinsu *forereckon* zai zaɓa, domin *reckon* 'yar gida ce tun Tsohon Turanci.

Idan na gamu da ita a rubutu, yaya zan fassara ta?

Ka dubi abin da ke gefenta. Idan ana maganar kaya ne da ke nan a ƙasa, buhuna ko kuɗi ko mutane, ka ce an ƙirga tun kafin, ko ƙirgen farko. Idan kuwa marubucin na maganar abin da bai zo ba tukuna, kwanakin da suka rage ko ribar da ake sa rai, to ya karkatar da ita ne zuwa lissafin gaba, sai ka ce ya lissafa tun kafin ya gani. Idan kuma rubutun na intanet ne kuma batun yanayi ko farashi ake yi, ka fara zargin yatsa: mai yiwuwa *forecast* aka so bugawa.